TUNA BAYA: Malam Aminu Kano da ranar da Kano ta hana Shagari rubu'in ƙuri'unta

Ranar Asabar 11 ga Agusta, 1979, aka ƙirga ƙuri'u 1,220,763 na zaɓen shugaban ƙasa a Jihar Kano, wadda a wancan zamani ta haɗa har da Jigawa ta yau. Daga cikinsu, 932,803 na mutum guda ne: Malam Aminu Kano, ɗan takarar jam'iyyar PRP. Wato cikin kowane mutum huɗu da suka bi layi a ranar, uku shi suka zaɓa. Alhaji Shehu Shagari na jam'iyyar NPN, wanda ya fi kowa yawan ƙuri'u a faɗin Nijeriya, ya tashi da 243,423, kashi 19.94 cikin ɗari. Obafemi Awolowo da Nnamdi Azikiwe da Waziri Ibrahim, in aka haɗa rabonsu su uku, bai kai kashi huɗu ba.

Malam Aminu bai zama shugaban ƙasa ba, bai ma kusa ba, domin na huɗu ya zo cikin 'yan takara biyar. Amma abin da Kano ta yi a wannan rana ya jefa ƙasar gaba ɗaya cikin wata gardamar lissafi da ta kai har Kotun Ƙoli, ta kuma kusa dagula shirin miƙa mulki ga farar hula. Wanda ke son fahimtar wannan ƙuri'a sai ya koma baya shekara talatin, ya bi sawun mutumin da aka kaɗa wa ita, domin shi ya shuka ta tun lokacin da babu wanda ya yi zaton za ta tsiro.

Ɗan malamai da ya juya wa fada baya

An haifi Aminu ranar 9 ga Agusta, 1920, a unguwar Sudawa cikin birnin Kano, a gidan Fulani Gyanawa, zuri'ar da ta shahara da ilimin shari'a da alƙalanci. Mahaifinsa, Malam Yusufu, mufti ne a kotun alƙali. Mahaifiyarsa ta rasu yana ɗan shekara shida, sai kakarsa ta ci gaba da renonsa. Daga nan ya shiga makarantar Shahuci, ya wuce Midil ta Kano, sannan Kwalejin Kaduna daga 1937 zuwa 1942.

Yaron da ya fito daga irin wannan gida, ya kuma haɗa karatun allo da na boko, hanyarsa a share take. Aikin En'e yana jiransa, daga nan sai muƙami, wataƙila har da rawani. Aminu bai bi wannan hanya ba, ya zaɓi koyarwa. Tun yana ɗalibi ya fara rubuta wasannin kwaikwayo da ke tona asirin zamba a kasuwa da zaluncin masu riƙe da iko, domin ya tashi yana ganin yadda shari'a ke lanƙwasawa idan ta zo gaban mai sarauta.

A makarantar Midil ta Bauchi ya fara aiki a 1942. A can ya zauna da mutum biyu da suka yi tasiri a rayuwarsa ta fuskoki mabambanta: Abubakar Tafawa Ɓalewa, mai bin al'amura a sannu, wanda daga baya ya zama Firayim Minista, da Malam Sa'adu Zungur, malami mawaƙi mai kaifin harshe. Tare da Zungur suka raya zauren tattaunawa na Bauchi, inda matasan ma'aikata suka riƙa yi wa hukuma tambayoyin da ba a saba jin talaka ya yi ba, har hukuma ta gaji ta taka wa zauren birki.

A 1946 aka tura shi Landan ƙarin karatun koyarwa na shekara guda. Ya dawo da ƙudurin haɗa kan malaman makaranta, aka kafa ƙungiyar malaman Arewa a 1948. Hukuma ta ga abin na neman wuce gona da iri, sai aka mayar da shi makarantar horon malamai ta Maru a Lardin Sakkwato. A ƙarshen 1950 ya ajiye aikin gwamnati da albashinsa, ya koma Kano ya rungumi siyasa.

Shekarun Sawaba

Watanni kaɗan kafin ya ajiye aiki, ranar 8 ga Agusta, 1950, wasu matasa takwas suka kafa jam'iyyar NEPU a Kano, wadda aka fi sani da Jam'iyyar Neman Sawaba. Cikinsu akwai Abba Maikwaru da Bello Ijumu da Magaji Ɗambatta da Mudi Sipikin da Maitama Sule. Takardar manufofinsu ta fito fili ta ce al'ummar Arewa ta kasu gida biyu, masu mulkin En'e da talakawa, kuma babu mai 'yantar da talaka sai talaka da kansa. Malam Aminu ya zama shugaban jam'iyyar a 1953.

Abubuwan da NEPU ta sa a gaba abubuwa ne da kowane manomi ya san zafinsu a jikinsa: haraji da jangali, aikin tilas, noman gandun sarki, gaisuwar dole ga hakimi da dagaci, da kotunan da babu mai ɗaukaka ƙara a kansu ya ga daidai. Malam Aminu ya yi wa tsarin sarauta magana da harshen da tsarin ya dogara da shi. Ya jawo hujjoji daga Alƙur'ani da Hadisi, da rubuce-rubucen Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da ƙanensa Abdullahi, ya nuna cewa irin zaluncin da masu jihadi suka yaƙa shi ne jikokinsu suka dawo da shi. Wannan ya sa zargin kafirci da aka riƙa jifan 'yan NEPU da shi bai kama shi da sauƙi ba.

Zaɓen 1951 ya nuna wa jam'iyyar irin dutsen da ke gabanta. A lokacin ba kai tsaye ake zaɓe ba, mataki-mataki ne. 'Yan NEPU suka yi rawar gani a matakin farko a birnin Kano, amma doka ta bai wa En'e damar cusa nata mutanen a matakin ƙarshe, aka wayi gari jam'iyyar ba ta da kujera ko ɗaya daga Kano a Majalisar Arewa.

Abin da ya biyo baya shekaru ne na wahala. An ɗaure magoya bayan jam'iyyar, an yi musu bulala a bainar jama'a, an kori wasu daga garuruwansu, an ƙwace gonakin wasu. 'Yan daba da aka sani da 'Yan Mahaukata sun riƙa far wa tarukansu a Kano. Mata irin su Hajiya Gambo Sawaba sun sha zaman kurkuku saboda neman a bai wa matan Arewa 'yancin kaɗa ƙuri'a, abin da Malam Aminu ya tsaya a kai tun ana ganinsa abin kunya. Teloli da mahauta da maƙera da 'yan koli da malaman zaure su ne ƙashin bayan tafiyar, kuma da sisin kwabonsu aka riƙa gudanar da ita.

Shi kansa jagoran ya sha kaye a garinsu. A zaɓen Majalisar Tarayya na 1954, Maitama Sule, wanda ya riga ya koma NPC, ya kayar da shi. A 1956 ya nemi kujerar Majalisar Arewa, Ahmadu Ɗantata ya kayar da shi. Sai a 1959 ya ci kujerar Kano ta Gabas, shekarar da NEPU ta samu kujeru takwas a Majalisar Tarayya, ya zama mataimakin mai tsawatarwa na ɓangaren gwamnati saboda ƙawancen jam'iyyarsa da NCNC. A 1964 ya sake rasa kujerar. Har sojoji suka rushe jam'iyyu a 1966, NEPU ba ta taɓa riƙe gwamnati ba.

Zamanin soja da sauyin fage

Bayan juyin mulki, Janar Yakubu Gowon ya jawo shi cikin gwamnati. Ya riƙe ma'aikatar sadarwa daga 1967 zuwa 1971, cikin tsakiyar Yaƙin Basasa, sannan ma'aikatar lafiya har zuwa 1974. Ya bar ofis ya koma gidansa na Gwammaja, ba tare da an ji ya mallaki wata dukiya ba, ya ci gaba da karantarwa da tafsiri da azumi. A ƙasar da kuɗin man fetur ya fara sauya halayen manya, wannan talaucin nasa ya zama hujjar da ta fi kowace lacca ƙarfi.

A cikin waɗannan shekaru ne fagen siyasar ya sauya ta yadda zai dace da shi. An rushe Jihar Arewa a 1967, Kano ta zama jiha mai cin gashin kanta. An karɓe 'yan doka da kotuna da gidajen yari daga hannun sarakuna. Gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya ƙarasa rage wa En'e ƙarfi. Matan Arewa sun samu 'yancin zaɓe, an kuma mayar da shekarun fara zaɓe 18. Makaman da aka riƙa murƙushe NEPU da su sun bar hannun masu su, kuma yawancin sauye-sauyen nan abubuwa ne da NEPU ta daɗe tana kira a yi.

Malam Aminu ya zauna a kwamitin tsara kundin mulki da majalisar da ta yi masa kwaskwarima. Da Janar Olusegun Obasanjo ya ɗage takunkumin siyasa a Satumbar 1978, da farko yana cikin tafiyar da ta rikiɗe ta zama NPN. Bai daɗe ba ya ga cewa tsoffin abokan hamayyarsa na NPC ne ke riƙe da akalar, ya fice. A Oktoba aka kafa PRP, mai alamar mabuɗi da kirarin nasara. Tsoffin 'yan NEPU suka haɗu da 'yan ƙwadago da matasan malaman jami'a masu ra'ayin gurguzu. Ya ɗauki Samuel Ikoku daga Gabas a matsayin mataimaki.

Asabar biyar na 1979

Jam'iyyar ba ta da kuɗin da za ta yi gogayya da NPN ko UPN. Ƙari a kan haka, hukumar zaɓe ta FEDECO ta hana Malam Aminu takara bisa batun takardun biyan haraji, kamar yadda ta yi wa Azikiwe, sai da kotu ta wanke shi ana dab da zaɓe. Bai samu sararin zagaya ƙasa yadda ya kamata ba.

An yi zaɓukan ne a ranakun Asabar biyar. Ranar 7 ga Yuli PRP ta kwashe kujerun sanata biyar na Kano duka. Ranar 14 da 21 ga wata ta lashe mafi yawan kujerun Majalisar Wakilai da ta jiha. Ranar 28 ga Yuli Muhammadu Abubakar Rimi ya zama zaɓaɓɓen gwamnan Kano, Abdulƙadir Balarabe Musa kuma na Kaduna. Kafin a zo zaɓen shugaban ƙasa, kowa ya san inda Kano ta dosa. Tambayar da ta rage ita ce ko NPN za ta iya tsira da rubu'i.

Rubu'in nan shi ne komai. Doka ta ce ba ya isa ɗan takara ya fi kowa yawan ƙuri'u, sai ya samu aƙalla kashi ɗaya cikin huɗu a kashi biyu bisa uku na jihohin ƙasar, waɗanda a lokacin 19 ne. An yi dokar ne don kada ɓangare guda ya naɗa wa ƙasa shugaba. Shagari ya samu ƙuri'u 5,688,857, Awolowo 4,916,651. Shagari ya cika rubu'i a jihohi 12. Jiha ta 13 da ya fi kusa da cikawa ita ce Kano, inda yake buƙatar ƙuri'u 305,191, ya gaza da fiye da 61,000.

Fahimtar da akasarin mutane suka yi ita ce kashi biyu bisa uku na 19 yana nufin jihohi 13, tunda ba a tsaga jiha. Da an tafi a haka, da sai 'yan majalisun tarayya da na jihohi sun zauna sun zaɓi ɗaya tsakanin Shagari da Awolowo, kuma da 'yan majalisar PRP sun shiga cikin masu raba gardama. Sai lauyan NPN, Richard Akinjide, ya zo da wani lissafi: kashi biyu bisa uku na 19 shi ne 12 da biyu bisa uku. Saboda haka a jiha ta 13 ana neman rubu'in kashi biyu bisa uku ne kawai na ƙuri'un da aka kaɗa. Biyu bisa uku na ƙuri'un Kano 813,842 ne, rubu'insu bai kai 203,500 ba, Shagari kuwa yana da 243,423.

FEDECO ta karɓi wannan lissafi, ta bayyana Shagari a matsayin wanda ya ci ranar 16 ga Agusta. Awolowo ya garzaya kotun zaɓe, ta kori ƙararsa. Ranar 26 ga Satumba, kwana biyar kafin rantsarwa, Kotun Ƙoli ƙarƙashin Alƙalin Alƙalai Atanda Fatai-Williams ta tabbatar da nasarar, Mai Shari'a Kayode Eso kaɗai ya ce a soke ta. Masu suka sun nuna cewa an rage jimillar ƙuri'un Kano da sulusi amma ba a rage na Shagari ba. Har yau ɗaliban shari'a na muhawara a kan hukuncin. Daga baya yawan jihohi ya koma 21, sannan 30, sannan 36, dukkansu adadin da ke rabuwa gida uku ba tare da saura ba.

Me ya sa Kano ta yi haka?

Amsa mafi sauƙi ita ce Kano ta zaɓi ɗanta. Akwai ƙamshin gaskiya a ciki, domin a 1979 kowane ɗan takara ya fi ƙarfi a yankinsa, kuma Kanawa sun daɗe da jin cewa Sakkwato da Kaduna ne ke juya siyasar Arewa. Amma amsar ba ta isa ba. Wannan ɗan nata dai shi ne aka kayar a cikinta sau uku. Maitama Sule da manyan attajirai da masu sarauta na Kano suna NPN, ba su iya jawo mata rubu'i ba. Shekara 14 bayan haka, a zaɓen 12 ga Yuni, 1993, Bashir Tofa, haifaffen Kano, ya sha kaye a jihar a hannun Moshood Abiola daga Abeokuta.

Abin da ya fi kusa da gaskiya shi ne, 1979 ce karo na farko da aka bar dukkan baligan Kano, maza da mata, suka zaɓi shugaban ƙasa kai tsaye, babu ɗan doka a bakin rumfa, babu alƙalin da zai ɗaure mutum gobe saboda abin da ya yi yau. Wanda aka yi wa bulala a 1953 yana raye, 'ya'yansa sun isa zaɓe, matarsa ta samu kati. A kusan kowane gari akwai tsohon ɗan Sawaba da ya san gidajen da zai ƙwanƙwasa. Jam'iyyar wata goma ce da haihuwa, amma tafiyar ta kusa shekara talatin.

Ƙuri'ar ta kuma nuna iyakar tafiyar. Daga ƙuri'u 1,732,113 da Malam Aminu ya samu a ƙasa baki ɗaya, fiye da rabi daga Kano suka fito. Jiha ɗaya tak ya ƙara cika rubu'i a cikinta, wato Kaduna. Saƙon da aka yi niyyar ya isa ga kowane talakan Nijeriya ya tsaya a inda aka yi shekaru ana bi gida-gida.

Santsi da Taɓo

Gwamnatocin PRP biyu sun fara da cika alkawari mafi daɗewa: Rimi da Balarabe Musa suka soke haraji da jangali. Sai dai daɗin bai jima ba. Gwamnonin biyu suka shiga tarukan gwamnoni tara na jam'iyyun adawa, uwar jam'iyya ta hana, suka ƙi bari. A 1980 PRP ta dare gida biyu. Ɓangaren gwamnonin, ƙarƙashin tsohon ɗan ƙwadago Michael Imoudu, aka kira shi Santsi. Ɓangaren Malam Aminu, wanda FEDECO ta amince da shi, aka kira shi Taɓo. 'Yan Santsi sun zargi na kusa da Malam da karkata ga NPN, 'yan Taɓo kuma sun zargi gwamnonin da butulci da yi wa Awolowo aiki.

Rabuwar ta yi tsada. A Yunin 1981 majalisar Kaduna mai rinjayen NPN ta tsige Balarabe Musa, gwamna na farko da aka taɓa tsigewa a Nijeriya. Ranar 10 ga Yuli na wannan shekara tarzoma ta ɓarke a Kano bayan takardar tuhuma da gwamnatin Rimi ta aika wa Sarki Ado Bayero, aka ƙona gine-ginen gwamnati, aka kashe mai bai wa gwamna shawara kan siyasa, Dakta Bala Muhammad. Mutumin da ya iya haɗa talakawa a kan sarakuna ya kasa haɗa almajiransa a inuwa ɗaya bayan mulki ya zo hannu.

Duk da haka ya shirya sake tsayawa a 1983, ya kuma ɗauki mace, Bola Ogunbo, a matsayin mataimakiya. Allah bai nufa ba. Ya rasu ranar Lahadi 17 ga Afrilu, 1983, yana da shekara 62, aka binne shi a gidansa na Gwammaja. Wata huɗu bayan haka, Khalifa Hassan Yusuf ya tsaya a madadinsa. Ƙuri'un PRP a Kano suka ragu da fiye da rabi, Shagari kuma ya samu rubu'in da aka hana shi a 1979 har da ƙari. Sabo Bakin Zuwo na Taɓo ya kayar da Rimi, wanda ya koma NPP, amma wata uku kawai ya yi a kujera sojoji suka kifar da Jamhuriya ta Biyu ranar 31 ga Disamba.

A yau filin jirgin saman Kano da asibitin koyarwa suna ɗauke da sunansa. Gidansa, Mambayya, ya zama cibiyar nazarin dimokuraɗiyya ta Jami'ar Bayero. Kusan duk ɗan siyasar da ya taso a Kano yana jingina kansa da shi, ko da kuwa jam'iyyunsu ba sa ga maciji da juna. Abin da ba a cika ambata ba shi ne tsawon jiran. Daga kafa NEPU zuwa ranar da Kano ta ba shi ƙuri'u 932,803 shekara 29 ne, kuma a mafi yawansu faɗuwa yake yi, ya koma ƙauyuka ya ci gaba da karantar da mutane haƙƙinsu. Allah ya jiƙan Malam, ya sa Aljanna ce makomarsa.